Ofishin lauyoyin da munka ɗauka, da ƙararmu da tat tsufa a kotu har anka kore ta

Tun da shari'armu taƙ ƙare mutane ke ta tare ni, a shago, a masallaci, har wurin ɗaurin aure, wai wane lauya kunka ɗauka, ya aikinshi yake, in ba su lamba ko kar in ba su. Na gaji da maimaita magana ɗaya shi ya sa nic ce bari in zauna in rubuta duka lokaci guda kowa ya karanta ya yanke ma kanshi. Sunan ofishin ba zan faɗa ba, don akwai yabo a ciki akwai kuma ƙorafi, kuma Sakkwato ƙaramin gari ne, kowa ɗan uwan kowa. Wanda yas san ni ya san inda zai same ni.

Asalin maganar, muna da ƙungiya ta 'yan kasuwa a layinmu, mutum ɗari da 'yan kai, ana tara kuɗɗi duk sati, ana biyan mai gadi, ana taimakon wanda yas samu asara ko rasuwa. Dokar ƙungiya a rubuce take, shugabanni shekara 2 suke yi. A Disambar 2019 anka yi zaɓe, Yayana ya tsaya takarar shugaba, ranar zaɓe sai ga sunaye kusan talatin a rajista waɗanda ba mu taɓa ganin sun zuba ko sisi ba, sunka jefa ƙuri'a, Yaya ya faɗi da 'yar tazara. Munka kai ma dattawa, dattawa sunka ce a yi haƙuri. Yaya kuwa mutum ne mai zuciya, in ya ce an cuce shi to ko Sarkin Musulmi ne zai yi magana sai ya ji daga bakin alƙali, yac ce kotu za shi. Ni ne mai ɗan boko a gidan, don haka ni anka ɗora ma bin takardu da zirga-zirga.

Wani abokin Kawu yay yi muna kwatancen ofishin. Sama yake a wani bene cikin gari, kabu-kabu daga kasuwa ba ya wuce minti goma. Gaskiya shiga ta farko wurin ya burge ni. Tsaf-tsaf, akwai sola don haka fanka ba ta tsayawa ko an ɗauke wuta, wanda duk yas san zafin Sakkwato a watan Afrilu ya san wannan ba ƙaramin abu ba ne, akwai sakatariya mai fara'a da ke rubuta sunanka a littafi, ga manyan littattafan shari'a jere a kanta har rufi. Kuɗin ganin Barista naira 10,000, kuma anka ba mu rasit ba tare da mun roƙa ba. Wanga abu na rasit in yaba musu shi tun yanzu, shekara biyu da wani abu muna hulɗa ba su taɓa karɓar ko dubu ɗaya ba tare da takarda ba, har yau suna nan cikin jakata.

Babban Baristan dattijo ne, mai sanyin magana, furfura ta fara cin gemu. Ya saurari Yaya kusan awa guda bai katse shi ba, ya karanta dokar ƙungiyar shafi-shafi, sannan yaɗ ɗaga kai yac ce, Alhaji, shekara nawa ne wa'adin shugabannin ga? Yaya yac ce biyu. Yac ce to wata biyu sun riga sun tahi. Alhaji ka sani shari'a a babbar kotu tana iya wuce shekara biyu, in wa'adinsu ya ƙare muna cikin shari'a abin da kake nema zai zama ba shi da sauran amfani. Yaya yac ce ranka shi daɗe kai dai ka shigar, Allah na tare da mai gaskiya. Barista yay yi murmushi yac ce to shi ke nan Alhaji, yaj jawo takarda yaf fara lissafin kuɗɗi.

To nan ne ƙorafina na farko kuma shi ne mafi girma. Ya faɗa, ba zan yi mishi ƙarya ba ya faɗa. Amma sau ɗaya yaf faɗa, a hankali, kamar mai sayar da magani da ke karanto maka illolinshi yana miƙo maka leda. Mutumin da ranshi ke tafasa ba ya jin irin wagga magana. Ni kaina da nike zaune a gefe ban gane nauyinta ba, na ɗauka irin jan kunnen nan ne na al'ada. Da ya ajiye biro yac ce Alhaji saurara, in ranar ga taz zo alƙali ba zai ce kai ke da gaskiya ba, ba zai ce su ke da gaskiya ba, rufe fayil zai yi ka koma gida da hannu biyu, ina ganin da Yaya ya sake tunani, ko aƙalla da mun tambayi mafita.

Kuɗin aiki munka daidaita a naira 400,000, rabi kafin a shigar rabi in an fara jin shaidu, ban da kuɗin shigar da takardu a rajistara da na mai kai sammaci, sannan duk ranar zama naira 10,000 kuɗin fitowa, ko an yi zaman ko ba a yi ba. Ku riƙe wannan ta ƙarshen. Abin da anka roƙi kotu a takardar ƙara abu uku ne: ta soke zaɓen, ta hana waɗancan kiran kansu shugabanni, ta sa a sake zaɓe da rajistar gaskiya. Ni da nik karanta sai nij ji daɗi, turanci ya zauna daram. Ban lura ba cewa duka ukun a wuyan wa'adin shekara biyun nan suke rataye, ranar da wa'adin yam mutu su ma sun bi shi.

An shigar a Fabrairun 2020. Ba a yi zama biyu ba korona taz zo, a ƙarshen Maris Alƙalin Alƙalan Najeriya na lokacin, Tanko Muhammad, yab ba da umarnin dakatar da zaman kotuna sai na gaggawa, kuma rigimar zaɓen 'yan kasuwa ba ta cikin gaggawa a idon kowa sai idonmu. Da anka dawo, lauyan wancan ɓangare, wanda nike ganin tun ranar farko kalanda yake kallo ba takardunmu ba, yak kawo suka cewa kotu ba ta da hurumi wai rigimar cikin gida ce ta ƙungiya. Anka yi watanni a kan wannan kaɗai. Munka ci wannan zagayen, Yaya har da yanka rago. Sai hutun shekara na kotu. Sai Janairun 2021 gobara tat tashi a Babbar Kasuwa, shaidunmu biyu abin ya shafe su, ba ka iya ce ma mutumin da dukiyarshi taz zama toka zo ka tsaya a akwatin shaida. Sai yajin aikin ma'aikatan kotu na ƙasa baki ɗaya kan 'yancin kuɗin ɓangaren shari'a, daga 6 ga Afrilu 2021 har cikin Yuni, ƙofa a garƙame sama da wata biyu. Waɗannan duka ba laifin ofishin lauya ba ne, ba zan ɗora musu abin da Allah yak kawo ba.

Wanda ke nasu shi ne wannan. Babban Barista sau uku kacal nig gan shi a kotu cikin shekara biyu. Sauran duka yaran ofis yake turowa, kuma yaran sun canza har sau uku, na farko ya samu aikin gwamnati, ta biyu ta yi aure ta koma Kaduna, na ukun sabon fitowa ne daga makarantar lauyoyi rigarshi ma ba ta saki ƙarin guga ba. Duk wanda yaz zo sai na sake ba shi labari daga tushe a barandar kotu. Kuma ba sa kira. An ɗage zama, ba wanda zai buga maka waya ya ce an ɗage zuwa rana kaza, sai in ka bi. Akwai ranar da a bakin abokan shari'armu nij ji sabuwar rana, a wurin mai shayi, suna dariya. Na yi ma sakatariya magana a WhatsApp, tac ce Malam yi haƙuri mantuwa ce. Na lissafa daga rasit, fitowa 14 munka biya, a ciki zaman da anka yi wani abin kirki bai wuce shida ba. Sauran ko kotu ba ta zauna ba, ko wancan lauyan ya aiko takarda ba shi da lafiya, ko yana Kotun Ɗaukaka Ƙara. Daga baya nike jin ashe akwai roƙon da lauya ke iya shigarwa na a hanzarta sauraro saboda abin da ake shari'a a kai yana da ƙayyadadden lokaci. Ko alƙali zai amsa ko ba zai amsa ba wannan daban, amma namu ba su ma gwada ba, kuma mutumin da yaf fara hango matsalar tun ranar farko shi yaf fi cancanta ya gwada.

Disambar 2021 wa'adi ya cika. Ƙungiya ta yi sabon zaɓe, wani mutum na uku da ba ruwanshi da rigimar yac ci, mutumin kirki ne ma, Yaya da kanshi ya je yi mishi barka. A Janairu sai ga takarda daga wancan lauyan, shafi huɗu kawai, wai shari'ar ta zama akademik, lokaci ya riga ya wuce da ita.

A nan ne babban Barista yak kira mu da kanshi, karo na farko da wayata tay yi ƙara da lambarshi. Kuma in faɗi gaskiya zaman da munka yi ranar shi ne aiki mafi kyau da ofishin yay yi muna, da ma a farko anka yi shi. Ya sa anka kawo muna ruwan sanyi, yac ce Alhaji, kotu ba makaranta ba ce. Aikinta raba gardamar da ke da rai, wadda in ta yanke hukunci wani zai samu wani abu wani zai rasa. Yanzu in Mai Shari'a yac ce an soke zaɓen 2019, wa za a sauke? Sun riga sun sauka. In yac ce a hana su kiran kansu shugabanni, ai ba su kira. In yac ce a sake zaɓe, na wace kujera, wadda wani ke kai da sabon zaɓen da ba mu ƙalubalanta ba? Yaya yac ce to ai sai duniya ta san an cuce ni. Barista yac ce Alhaji wannan bukata ce ta zuciya kuma na fahimce ta, amma bayan fayil ɗinka akwai na mutumin da ke tsare yana jiran beli, da na marayun da anka cinye ma gona.

Ni abin da yaz zo min a rai lokacin, karatun zaure ne. Malaminmu ya sha faɗa muna cewa Imamu Malik ba ya son a riƙa kawo mishi tambayar abin da bai auku ba, a bari sai ya auku. To ashe su ma alƙalan boko haka suke, sai dai su har da abin da yaw wuce ya bar baya da ƙura ba sa ɓata biro a kai. An yi ruwa an ɗauke kai kana neman a yanke hukuncin wa zai riƙe lema.

Ya kawo muna misalai, kuma ya iya zaɓe don ya san mu Sakkwatawa siyasa a jininmu take. Yac ce ku tuna dokar ta-ɓaci da Obasanjo yas sa a Filato a Mayun 2004, yad dakatar da Gwamna Joshua Dariye yak kawo Janar Chris Alli. An kai maganar Kotun Ƙoli, amma wata shidan sun ƙare, Dariye ya koma kujerarshi a Nuwamba, hukunci bai fito ba sai 2006, kuma ƙarar ba ta kai ga a duba ko dokar ta halatta ba, fitar da ita anka yi. Har yau lauyoyi shari'ar nan suke jawowa in suna son bayanin mene ne ƙarar da taz zama akademik. Babbar tambaya irin wannan, ko shugaban ƙasa na da ikon dakatar da zaɓaɓɓen gwamna, ta wuce a lokacin ba amsa, balle zaɓen 'yan layinmu.

Ni kuma da ɗan karambanina nic ce to Barista ya maganar Sanata Umaru Ɗahiru da Tambuwal? Don na tuna lokacin ana ta cece-ku-ce a gari. Sai yay yi dariya yac ce Malam ashe kana bin labarai. Wannan ita ce ɗaya fuskar. Sanata Ɗahiru ya ƙalubalanci zaɓen fidda gwanin gwamnan Sakkwato na APC na Disambar 2014, anka yi babban zaɓe a 2015 Tambuwal ya ci an rantsar da shi, Kotun Ɗaukaka Ƙara tac ce shari'ar ta zama akademik tunda an riga an yi zaɓe. Kotun Ƙoli a Disambar 2016 tac ce a'a, da sauran rai, a koma Babbar Kotun Tarayya a saurare ta. Anka saurara, a 2017 Ɗahiru ya faɗi, amma ya faɗi ne bayan an duba hujjarshi. Me yar raba tasu da tamu? Kujerar da ake rigima a kai tana nan, mai ita na zaune a kai, wa'adi bai ƙare ba, in da mai ƙara ya yi nasara akwai abin da za a iya yi. Haka ta faru a Ribas, Oktoban 2007, Kotun Ƙoli ta sauke Celestine Omehia ta ce Rotimi Amaechi ne halastaccen ɗan takarar PDP, mutumin da ko hotonshi ba a liƙa ba ranar zaɓe yaz zama gwamna. Wato ba yin zaɓe ko wucewar wani abu ke kashe ƙara ba, abin dubawa shi ne ko akwai sauran abin da hukunci zai taɓa.

Bari in ɗan kauce. 'Yan siyasa su sun gano ciwon ga sun yi ma kansu magani. Duk Basakkwacen da yak kai shekara talatin ya tuna shari'ar Wamakko da Maigari Dingyaɗi, daga zaɓen gwamna na 2007, anka soke a 2008, anka sake zaɓe Wamakko ya sake ci, anka koma kotu, ba a rufe babin ba sai ƙarshen 2010 a Kotun Ƙoli, har rigimar tat tashi tsakanin Mai Shari'a Ayo Salami da Alƙalin Alƙalai Katsina-Alu a kanta. Irin wannan jan ƙafa ne yas sa anka gyara tsarin mulki a 2010 anka sa ƙa'ida a sashe na 285, kwana 21 ka shigar da ƙarar zaɓe, kwana 180 kotun zaɓe ta yanke, kwana 60 na ɗaukaka ƙara. Daga baya anka ƙara na rigimar kafin zaɓe, kwana 14 kacal ka shigar. Su an ɗaura ma alƙali agogo a hannu. Mu talakawa masu rigimar ƙungiya, ko hayar shago ta shekara ɗaya, ko ɗalibin da anka dakatar zango ɗaya, ba mu da wanga gata, agogonmu na tafiya na kotu na tafiya kowa da saurinshi. Wamakko da Dingyaɗin ma daga baya jam'iyya ɗaya sunka koma, mu kuwa har yau akwai wanda ba ya sayen goro a shagon wani.

To sai Barista yaf faɗi maganar da taf fi ƙona min rai, don ita ce ta nuna min inda anka yi sakaci. Yac ce da a cikin buƙatunmu akwai wadda ba ta mutuwa da wa'adi, misali a tilasta musu kawo lissafin kuɗɗin da sunka karɓa a shekara biyun nan, ko a maido ma Yaya kuɗin fom da diyya, da wannan ɓangaren ya rayu, kuma kafin alƙali ya yanke shi wataƙila dole ya leƙa yadda sunka hau. Ya ba da misalin wanda anka tsare ba bisa ƙa'ida ba, in an sake shi roƙon a sake shi ya mutu, amma neman diyya da ban haƙuri yana nan, sashe na 35 na tsarin mulki ya ba shi. Nic ce to ranka shi daɗe don me ba a sa ba? Yay yi shiru kaɗan yac ce Alhaji bai kawo maganar kuɗɗi ba, kujera yac ce yana so. Haka ne, Yaya bai kawo ba. Amma in na je wurin tela da yadi nic ce ɗinka min riga, ya ga yadin zai tsuke in an wanke, ai shi zai ƙara inci biyu ko ban ce ba, don wannan nike biyanshi. Na faɗa mishi haka a gaban Yaya, cikin ladabi, kuma bai musa ba, yac ce Malam ka yi gaskiya. Wannan amsa ta sa ban fita ofishin da gaba ba.

Shawararshi ita ce mu janye da kanmu mu nemi kowa ya ɗauki asararshi, don kar a ci mu tarar ɓata lokaci. Yaya yaƙ ƙi, yac ce shi ba ya janyewa sai dai a kore shi. Anka je. Ranar babban Barista da kanshi yat tsaya, ya yi iya ƙoƙarinshi, ya ce jinkirin ba daga gare mu yake ba, ya lissafo ranakun da wancan ɓangare sunka nemi ɗagewa ɗaya bayan ɗaya. A Maris 2022 Mai Shari'a yak karanta hukunci, bai kai minti goma sha biyar ba. Ba sauran abin yankewa, an fitar da ƙara, mu biya naira 50,000. Shaidu huɗu da munka riga munka gabatar, rajistar da munka sha wahala kafin a kawo ta, sunaye talatin ɗin nan, ko kalma ɗaya ba a ce a kansu ba. Yaya ya juyo yana tambayata wa yac ci, nar rasa me zan ce mishi.

Wani abu da ƙaramin lauyan yay yi min bayani a baranda, kuma yana da amfani ku sani tunda a rediyo duka "an kori ƙara" ake cewa. Kora iri biyu ce. Akwai wadda ake cire ƙara daga jerin shari'u ba a taɓa cikinta ba, wannan a ƙa'ida kana iya gyarawa ka dawo in akwai abin dawowa. Akwai kuma wadda ake yin watsi da ita gaba ɗaya, wannan ƙofa ta rufe sai dai ɗaukaka ƙara. Tamu ta farkon ce, don haka maganar lissafin kuɗɗi ba a rufe ta ba, ana iya shigar da sabuwa a kanta in dai ba a bari lokacin da doka ta ƙayyade ya wuce ba. In lauyanka yac ce maka an kori ƙara, tambaye shi wace iri, kuma ka karɓi kwafin hukuncin mai hatimi ka ajiye.

Washegari Yaya ya koma ofishin da naira 300,000 a aljihun babbar riga, wai a ɗaukaka ƙara, ga Kotun Ɗaukaka Ƙara nan cikin Sakkwato ba sai an je Kaduna ba kamar da. Barista yaƙ ƙi karɓa. Yac ce Alhaji in na karɓi kuɗɗin ga na ci haram, abin da anka faɗa maka a ƙasa shi za a faɗa maka a sama, sai dai a ƙara maka tara. Na san lauyoyi a garin ga da za su karɓe su ƙirga a gabanka su ce maka insha Allahu nasara tamu ce. Rabin kuɗin aikin na biyu ma da ake bin mu bashin naira 80,000 a ciki, ya ce a bar shi.

To in kun tambaye ni in ba ku lamba ko kar in ba ku, amsata ita ce ya danganta da irin matsalarka. In takardar fili ce, ko yarjejeniyar haya, ko rabon da ake son rubutawa, ko shawara kafin ka sa hannu a wani abu, je ka ba fargaba, suna da amana, ba sa cin kuɗɗin banza, kuma dattijon ya san aikinshi. In shari'a ce mai tsawo, musamman wadda abin da kake nema ke da ranar ƙarewa, to je ka amma da idonka buɗe. Tun zaman farko tambaye shi, Barista a cikin abubuwan da za mu roƙa wanne ne zai mutu in an kai shekara biyu, wanne zai rayu, kuma kar ka tashi sai ya nuna maka da yatsa a takarda. Ka nemi a rubuta wane lauya ne zai riƙe fayil ɗinka. Ka yi ciniki a kan kuɗin fitowa na ranar da ba a zauna ba, ni da na sani da rabi zan ce. Kuma ka karɓi lambar ƙaramin lauyan ka riƙa kiranshi da yammacin duk ranar zama, don su ba za su kira ka ba. In maki ake badawa uku cikin biyar zan ba su, ɗaya daga cikin ukun nan kuwa na dubu ɗari ukun da anka ƙi karɓa ne.

Sabuwar ƙarar lissafi ba mu shigar ba. Sabon shugaba ya kafa kwamitin mutum biyar har da limamin layi, sunka zauna da littafin ma'aji sati uku, anka ga giɓi, waɗanda abin yas shafa sunka yi alkawarin biya kaɗan-kaɗan, kuma anka share sunayen nan daga rajista ba tare da an kira kowa ɓarawo ba. Watan jiya na koma ofishin da takardar wani fili da nis saya a Arkilla, ƙaramin lauyan nan na uku yana nan, riga ta saki, har ya fara tumbi. Ya gama min aikin cikin kwana huɗu kuma shi yak kira ni. Yaya dai ya ce in gaida Barista, amma ya ce kar in ce shi yac ce.